Sif cike da kaya, amma babu na sawa

Maman Hanif:
Assalamu alaikum jama'ar gida. Shawara nake nema, masu dariya a yi a hankali. Kwalema na yi wa sif ɗina, na zube komai a kan gado don in ware na bayarwa, sai na ga ashe kusan duk abin da na tara anko ne. Ga na bikin ƙanwar maigida, ga na sunan maƙwabciya, ga na walimar abokiyar aiki, ga wani leshi ruwan goro mai ihu wanda ko kyauta aka miƙo min a kasuwa ba zan karɓa ba, amma da kuɗina na saya, na kuma biya ɗinki. Kowanne sawa ɗaya ko biyu aka yi masa. Waɗanda na taka da ƙafata na zaɓo kuwa duk sun koɗe, don su nake juyawa kullum zuwa wurin aiki. Tambayata biyu ce. Ta yaya mutum zai gane irin kayan da suka dace da shi, ya daina zuba kuɗi a abin da zai kwanta a akwati? Sannan yaya ake cewa "ba zan yi anko ba" ba tare da an ɗauke maka gaisuwa ba?

Zee:
Wa alaikumus salam. Anti kamar kin leƙo ɗakin mamanmu.

Anti Rabi:
Maman Hanif, amsar tambayarki ta farko tana kan gadon nan naki. Ki tattara waɗanda kika ce sun koɗe ki ajiye su gefe, ki zauna ki dube su da kyau. Wace kala ce ta fi yawa a ciki? Zanen manya ne ko ƙanana? Doguwar riga ce ko riga da zani? Hannun ya tsaya a gwiwar hannu ne ko ya sauka? Akwai shafi a ciki ko babu? Abin da suka yi tarayya a kai, shi ne naki. Jikinki ya riga ya zaɓa tun tuni, ba ki tambaye shi ba ne. Ni da na duba nawa na ga duk ruwan ƙasa ne da shuɗi mai duhu da ruwan toka, auduga, doguwar riga mai aljihu, wuya ba faɗi. Tun daga nan in na shiga kasuwa, abin da ba ya cikin wannan layin ko an rantse min shi ake yayi sai in yaba in wuce.

Maman Hanif:
Anti Rabi na je na duba yanzu. Wallahi kusan duk kore ne da ruwan hanta, kuma babu mai dutse ko ɗaya.

Anti Rabi:
To kin gani. Saura ki riƙe wannan a gaban mai shago, a nan ne aikin yake.

Ummu Sudais:
Ni dai a bar maganar kala, a zo kan anko, don na ga inda aka nufa. Ku daina mayar da shi kamar wani zalunci. Anko rufin asiri ne. Ranar biki mai kuɗi da talaka duk zani ɗaya suke ɗaurawa, ba mai raina wata. Cire anko ki ga yadda za a mayar da wurin biki filin gasa, wannan ta zo da Super, waccan ta zo da leshin da ya kai albashin wata uku, ke kuma ki laɓe a bayan rumfa. Kuma zumunci ai ba da baki ake yin sa ba. Ranar naki bikin kina so ki waiga ki ga dangi sun fito iri ɗaya.

Anti Rabi:
Ummu Sudais, da haka ake yi da ban ce komai ba. A da atamfa ɗaya ake fitarwa mai sauƙin kuɗi, kowa ya iya. Yanzu biki ɗaya sai a fitar da na kamu, na dina, na yini, har da gyale da ɗankwali. Kuma a cikin ankon ma akwai na manya da na sauran jama'a. Ina rufin asirin? Na san wadda ta ci bashin adashi ta yi anko, aka gama biki da wata huɗu tana biya.

Ummu Sudais:
Wannan laifin masu fitarwa ne, ba na anko ba.

Zee:
Kuma a faɗi gaskiya, wasu masu fitarwar sana'a suke yi da shi. A saro a kasuwa, a ɗora riba a kan kowane turmi, a ce miki taimakon amarya ne. In taimako ne ki ce min in ba da gudummawa, na san nawa na bayar.

Ummu Sudais:
Zee ke yarinya ce, bari ki aurar da ƙanwa tukuna ki ga kuɗin da biki yake ci.

Sani Tela:
Salamu alaikum iyayena da yayyena. Ku ba ni dama in sa baki, don duk kayan nan a hannunmu suke bi. Abin da Maman Hanif ta faɗa kullum nake ganinsa a shago, amma rabin matsalar ba a yadin take ba, a ɗinkin take. Mace za ta zo da hoto a waya, ta ce wannan nake so. Wadda ke cikin hoton doguwa ce siririya, a tsaye take, ta riƙe numfashi, an ɗauke ta an gyara hoton. Ita kuma mai kawo ɗinkin malamar makaranta ce, za ta hau Keke Napep, za ta ɗaga hannu ta yi rubutu a allo, za ta yi alwala, za ta yi sujada, wataƙila ma tana shayarwa. In na yi mata irin na hoton, siket ya matse gwiwa, an sa ƙarfe a ciki, an yi shafi biyu, an zuba dutse, to rana ɗaya za ta sa shi ta yi hoto ta ninke. Ba don bai yi kyau ba, sai don ba a iya wuni a cikinsa, balle a zafin watan Afrilu.

Ko da anko ne, in aka yi masa ɗinki mai sauƙi zai shiga cikin kayan yau da gobe. Turmin atamfa yadi 6 ne. Za a fitar da doguwar riga da ɗankwali har a sami ragowa, ko riga da zani cikakke. Ki ce wa telanki ya bar miki kamu a ciki yadda in jiki ya ƙaru za a buɗe, ya sa zif mai kyau, ya bar dutsen nan. Bayan biki kin samu kayan zuwa aiki.

Maman Hanif:
Malam Sani ka yi magana. Amma ku ma teloli kuna da naku. Sai a ce maka a yi mai sauƙi, ka je karɓa ka tarar an yi maka abin da ba ka ce ba.

Zee:
In ma an samu an karɓa ba. "Gobe in sha Allah" tun daga goma ga azumi har daren sallah.

Sani Tela:
Na san za a zo nan. Ban ce duk muna da gaskiya ba, akwai mai karɓar ɗinkin da ya san ba zai gama ba. Amma ku ma ku duba: mutum ya riƙe yadinsa tun Sha'aban, sai azumi ya raba ya kawo, ga wuta ba ta zama, ga man janareta. Mai kwarmin ido da wuri yake fara kuka. Ɗinkin da aka yi cikin gaggawa shi ne wanda ake ba wa yaron shago ya haɗa da tsakar dare, shi ne kuma yake kwanciya a akwati. Maganar a yi miki abin da ba ki ce ba, maganinta ɗaya ne: ki ɗauko rigar da kika fi jin daɗinta, ko ta tsufa, ki kai masa ki ce irin wannan sak. Ya fi awo da tef, ya fi hoto.

Ɗan Kwari:
Ni kuma bari in yi ta ɓangaren kasuwa, ko da yake kamar ina rage wa kaina ciniki ne. Mutum ya shigo Kantin Kwari bai san abin da ya zo nema ba, wallahi mu za mu zaɓa masa. Za a sauke masa kala ashirin a gabansa, a ce wannan ce sabuwar fitowa, ya ji kunyar tashi hannu rabbana. Wanda ya zo ya ce atamfa nake so mai auduga, kore mai duhu, ƙananan zane, kuɗina kaza, minti goma ya gama, kuma mun fi girmama shi.

Ga abin da za a duba. A juya bayan atamfar. Mai kyau rininta ya ratsa fuska biyu, har sai an lura kafin a gane gaba da baya. Wadda aka buga a fuska ɗaya bayanta fari-fari yake. A murza gefenta a hannu, in ƙarfinta duk sitaci ne za a ji. In ana shakkar auduga ce ko roba, a zare zare ɗaya daga baki a kunna masa ashana: auduga tana ci kamar takarda ta bar toka mai laushi, roba kuwa narkewa take ta dunƙule ta yi tauri, da warin leda. Shadda ma haka, akwai wadda ƙyallinta na saƙa ne, akwai wadda shafa mata aka yi, wankin farko ya tafi.

Suna kuma kada ya ruɗi kowa. Super da Holan na asali kamfanin Vlisco ne yake yin su a garin Helmond na ƙasar Holan, kamfanin da ya faro tun 1846. Gezna ta asali daga Ostiriya take zuwa, kamfanin Getzner. Amma masu kwaikwayo sun ƙware, har rubutun bakin zani da takardar da ake liƙawa suna bugawa. In aka ce miki Super ce a kuɗin da bai kai rabin nata ba, kin san amsar. Gara ki sayi mai matsakaicin kuɗi da sunanta na gaskiya.

Baban Ilham:
Ɗan Kwari, to me ya sa kaya suka yi wannan tashin? Shaddar da nake ɗinkawa duk sallah yanzu sai dai in gaishe ta daga nesa.

Ɗan Kwari:
Alhaji ai da dala ake saro su. Kafin watan Yunin 2023 dala a farashin gwamnati ba ta kai naira 500 ba, zuwa Fabrairun 2024 ta haura 1,500. Ga cire tallafin mai da ya ƙara kuɗin dako. Shi ya sa nake ce wa masu saye a wurina, da ka ɗinka uku marasa kyau gara ɗaya mai kyau. Araha ba ta ado.

Zee:
Da girmamawa Ɗan Kwari, wannan karin maganar ta masu kuɗi ce. Ni ɗaliba ce. In na tara kuɗina duka na sayi ɗaya mai kyau, ranar da na wanke ta me zan sa? Ni gwanjo ya rufa min asiri. Ina zuwa Ƙofar Wambai ranar da aka fasa dila, in zaɓi dogayen riguna na auduga, in wanke in goge, in ɗora abaya baƙa da mayafi. Babu wanda ya taɓa tare ni ya ce daga ina. Wanda ya cuce ni ma ba gwanjo ba ne, kayan da na gani a Instagram ne, na tura kuɗi aka aiko min abin da bai yi kama da hoton ba, ga shi ba a mayarwa.

Anti Rabi:
Zee ta yi gaskiya a nan, tsada daban, dacewa daban. Lissafin da nake yi shi ne in raba kuɗin kaya da yawan sawar da zan yi musu. A ce leshi da ɗinkinsa ya ci naira 60,000 aka sa shi sau biyu, kowace fita ta ci 30,000 ke nan. A ce atamfa da ɗinki 20,000 aka sa ta sau arba'in, kowace fita 500. Wace ce mai tsadar? Sai dai gwanjo ma yana da nasa tarkon, Zee. Don abu yana da araha sai ka kwaso biyar, uku ba su yi maka ba.

'Yar Nima:
Gaisuwa daga Accra. Maganar gwanjo ta taɓo ni. Mu nan muna da Kantamanto, wadda tana cikin manyan kasuwannin gwanjo na duniya, ita ce ta yi mummunar gobara a farkon Janairun 2025. Duk wanda ya san kasuwar ya san ba duk abin da ke cikin dila ake sayarwa ba. Mai kaya zai biya kuɗin dila bai ga cikinta ba, ya fasa ya tarar da yawa tsumma ne, sai bola, wasu su ƙare a kwata da bakin teku. Kayan da Turawa suka saya suka daina sawa ne ake turo mana. In na ga haka sai in ce ashe ciwon Maman Hanif har can ma yana damun su, su dai suna da inda za su zubar.

Hajiya Inna:
'Ya'yana sannunku da hira, jikata ce take rubuta min. Ni a Kaduna na yi zaman aure, a Kakuri, lokacin masaƙu suna aiki. Akwai masaƙar KTL da aka buɗe a 1957 zamanin Sardauna, ga masaƙar Arewa, ga ta UNTL. In aka tashi daga aiki titi ba ya biyuwa don kekunan ma'aikata. Atamfar gida muke ɗaurawa, auduga zalla, tana shan wanki da sabulun sanda da rana, ba ta cewa komai. Yanzu ku je ku ga wuraren, sai ciyawa.

Amma abin da nake so in gaya muku ba wannan ba ne. Mu a lokacinmu mace ta san kayanta kashi uku ne: na zaman gida, na fita unguwa, da na ajiya. Na ajiyar nan ba a kai wa tela. Turmi ne mai kyau a ƙasan akwati da turare, ranar da wata lalura ta taso a ba dillaliya ta sayar, ko a yi wa wata barka da shi. Dukiya ce. Ku kuwa da an kawo sai almakashi. Yadin da aka yanka aka matse shi a jikin mutum ɗaya ya gama daraja, ko kyauta kika bayar sai an sha wahalar samun wadda zai shiga. Riga da zani kuwa, zanin yana nan, ki ɗaura, ki yi goyo, in ya tsufa a yi shimfiɗar yaro.

Sani Tela:
Allah ya ƙara girma Hajiya. Wannan magana ko ni tela ban da ja a kanta.

Maman Hanif:
Mama Allah ya ƙara lafiya. Ina da turmi uku da ban kai ɗinki ba, yanzu kam sun tsira.

Baban Ilham:
Kada a ɗauka mu maza mun kuɓuta. Mu ma an fara mana anko, abokan ango yadi iri ɗaya da hula iri ɗaya, wani lokacin har takalmi. Amma ni na samu sauƙi tun da na tsayar da abu ɗaya: kaftani mai ƙaramin aiki a wuya, fari ko ruwan toka ko sararin samaniya, yadi 5. Babbar riga ɗaya ce tak, ta sallah da ɗaurin aure, in an sa a kai wa masu bugu a ninke. Inda nake kashe kuɗi hula ce. Zanna Bukar mai kyau guda biyu da za su hau kowace kala sun fi goma na jeka-ka-dawo, in ta yi datti a kai wa masu wankin hula ta dawo sabuwa. Farar shadda kuma in ta fara dafewa ba na yar da ita, masu rini nake kai wa su mayar da ita shuɗiya, ta sake wasu shekarun. Mu da muke da marinar Ƙofar Mata a gari ai bai kamata a koya mana wannan ba.

Sai dai ina da ƙorafi. Duk wannan tarin kayan ai daga lefe yake farawa. A jera akwatuna, a cika su da abin da dangin ango suka zaɓa, amarya ba ta...

Mai Kula da Zaure:
Baban Ilham a tsaya nan. Maganar lefe mun yi ta a baya, kowa ya san yadda ta ƙare, har mutum biyu suka fita. A koma kan tambayar Maman Hanif.

Baban Ilham:
Na janye, ranka ya daɗe. Amma ina nan a kan bakana.

Ta Maraɗi:
Sallama gare ku. Tambaya ta biyu har yanzu ba a amsa ta ba, kowa na kewaye-kewaye. Mu cikin danginmu ga yadda munka yi. Manya sunka zauna anka ce biki guda anko guda, kuma ba a ɗora riba. Wanda ba ya da hali, kala kawai za a faɗa mishi, ya duba cikin kayanshi ya sanyo mai kama da ita. Bikin ɗiyar yayata anka ce shuɗi, kowa ya zo da nashi shuɗin, hoto ya yi kyau ƙwarai, ba wanda ya ci bashi. Amma sai da babbar yaya ta fara yi a bikin ɗiyarta ta cikinta, kana saura sunka bi. In ƙarama ta fara, cewa za a yi rowa ce.

Anti Rabi:
Wannan ita ce hanya. Ga wadda kuma ba ta da ikon canza dangi, ni ga abin da nake yi. Na ware waɗanda ankonsu dole ne: 'yan ɗakinmu, 'yan ɗakin maigida, da aminai na ƙut da ƙut. Sauran, ranar da aka turo hoton atamfa a ranar nake kira, ba na bari sai an yanko min. In ce Allah ya sanya alheri, wannan karon ba zan samu yin anko ba, amma ina nan zuwa. In je da wuri, in kama aiki, in miƙa gudummawata a hannun uwar biki. Wadda ta ga kin wuni kina rabon abinci ba za ta tsaya duba zaninki ba. Kuskuren da ake yi shi ne a karɓa a yi shiru, ba a biya ba, ba a mayar ba. Wannan ne yake ɓata zumunci.

Ummu Sudais:
Hmm. Anti Rabi kin iya tsara magana, amma akwai gidan da in ba ki yi ba sai an shekara ana yi miki gori. Ni dai ba zan daina ba. Abin da zan ɗauka a nan shi ne na Ta Maraɗi, guda ɗaya ba riba. Bikin ƙanwata yana nan bayan sallah ƙarama, da har mun tsayar da uku. Zan yi wa Hajiyarmu magana, in ta yarda a bar atamfa kaɗai.

Zee:
Anti Ummu in an tashi zaɓa don Allah a tausaya wa jama'a, ban da ruwan goro.

Ummu Sudais:
Ke dai Allah ya shirye ki. Ɗan Kwari, in mutum yana son turmi arba'in kala ɗaya, auduga, mai sauƙin kuɗi, sati nawa kafin biki ya kamata ya yi magana?

Ɗan Kwari:
Hajiya ki yi kafin azumi. Da an shiga goman farko kaya suke tashi, kuma kala ɗaya mai yawa haka tana iya yankewa a tsakiya, ki dawo neman ƙari a ce ta ƙare. Ki ƙirga mutanenki, ki karɓi kuɗin kowa tukuna, sannan ki ɗora turmi biyu ko uku saboda masu zuwa daga baya.

Sani Tela:
Kuma a faɗa musu su kai ɗinki tare da na sallah. Duk wadda ta bari sai bayan sallah, teloli sun tafi hutu, kada a zo nan a ce mun saɓa alkawari.